Gangaren Ƙofar Baba Dunduniya

Shekara goma sha ɗaya na yi ina maƙwabtaka da Baba Dunduniya, bango ɗaya ne tsakanin shagona da nasa, kuma ban taɓa ganin ya kalli fuskar mutum kafin ƙafarsa ba. Kana shigowa idonsa zai sauka a diddigenka, sai ya gama nazarinsa sannan ya ɗago ya amsa maka gaisuwa. Daga nan sunan ya samo asali. Ni ma ranar da na kama haya, ina fama da shigo da kwamfuta da injin fotokwafi, kafin ya yi min barka da zuwa sai da ya gaya min ina taka ƙafar dama a karkace, in ban yi hankali ba gwiwata za ta ba ni labari nan da shekara biyar. Na ji haushi, na ce a raina wannan tsoho akwai shisshigi. A shekara ta huɗu gwiwar ta fara.

Layinmu shaguna takwas ne a jere, suna fuskantar titi. An ɗaga ginin saboda ruwan sama, don haka kowane shago yana da matakala biyu a ƙofa. Nasa ne kawai ba shi da su. Shi ne na kwana, ya fi sauran faɗi, kuma a ƙofarsa gangaren siminti ne mai tsawo, wanda ya sauko a hankali har bakin kwalbati. A can sama, ta gefen hagu, akwai sawun takalmi guda biyu da suka nutse a simintin, da wasu lambobi da aka zana da bakin makulli. Shekara da shekaru ina tsallake sawun nan, a zatona wani marar haƙuri ne ya taka kafin ya bushe.

Baba yana gyaran takalma kamar kowane mai gyara, amma ba nan aikinsa yake ba. Ainihin sana'arsa ɗinka takalmi ga waɗanda kasuwa ba ta da nasu: wanda shan inna ya lanƙwasa wa ƙafa, wanda hatsari ya bar wa ƙafa ɗaya gajeriya, mai ciwon suga da aka yanke wa yatsu, tsohuwar da kumburi ya hana ta saka komai. Yana saurayi ya samu aikin shara a wani asibitin ƙashi, a ɗakin da ake haɗa wa marasa lafiya takalma. Yana shara yana kallo, har mai kula da ɗakin ya gaji da ganinsa tsaye da tsintsiya ya miƙa masa basilla. Da aka rufe sashen, sai ya tattara abin da ya koya ya kama wannan shago. Shekara talatin da biyu ke nan, a nan ya aurar da 'ya'yansa mata uku, a nan furfura ta same shi.

Yadda yake aiki ba ya canzawa. Zai zaunar da mutum a benci, ya ja wani labule ruwan toka da ya raba shagon biyu, sannan ya ce a cire takalmi. Ya ɗora ƙafar a kan kwali, ya zagaye ta da fensir, ya gwada nan ya gwada can, ya rubuta. Daga baya ya sassaƙa ƙafar katako daidai da ta mutumin, a kanta yake ɗora fata. Kwalayen yana zuba su a akwatin ƙarfe mai kwaɗo, makullin yana rataye a wuyansa. Abin da ya gani a bayan labulen nan kuwa ba ya fita. Matarsa, wadda duk layin muke kira Gwaggo, ta sha gaya min cewa shekara arba'in tana tare da shi amma ko sau ɗaya bai taɓa cewa ƙafar wane kaza take ba. Ni da bakina ba ya iya riƙe ruwa na taɓa gwada shi, na tambaye shi me ke damun wata mata da na ga ta fito tana share hawaye. Ya ci gaba da buga ƙusa, ya ce wanda ya cire takalmi a gabanka amana ya ba ka. Ban sake tambaya ba.

Mai shagunan wani dattijo ne dogo, mai tafiya a miƙe kamar an gwada shi da magwaji. Duk ƙarshen wata yakan zo da kansa, ya bi shago shago a tsaye a waje, amma in ya iso na Baba sai ya shiga, a ja labule, su daɗe. Mu dai mun ɗauka zancen haya ne da hirar tsofaffi. Abin da ban sani ba sai daga baya shi ne, ƙafar dattijon ta hagu ta gaza ta dama da faɗin yatsu uku, haka aka haife shi. Baba ne yake ɓoye ƙarin tsayin a cikin takalmin, da gwanintar da ko 'ya'yan cikinsa ba su taɓa lura ba. Mutum ne mai jin kansa, ya gwammace komai da a ce masa gurgu. Da girma ya zo, ƙugu ya fara ciwo, matakala biyun nan suka zame masa dutse. Shi ya ce a fasa su, shi ya aiko da birkila da siminti, shi ya taka kafin ya bushe don ya ji ko gangaren ya yi masa, ya sunkuya ya rubuta kwanan wata. Ba a rubuta takarda ba. Wa zai nemi takarda a hannun mai gini a kan gininsa?

Gangaren ya zama alheri ga kowa. Masu keken guragu suna hawa da kansu, masu sanduna ba sa neman a riƙe su. Akwai wata malamar makaranta mai keke da ke zuwa duk bayan wata shida, takan ce a duk titin nan ƙofa ɗaya ce take shiga ba tare da ta ce wa kowa don Allah ba.

Da dattijon ya rasu, babban ɗansa ya dawo daga inda yake aiki ya karɓi ragamar shagunan. Ba zan ce mugu ne ba, ko da yake a lokacin na faɗi abin da ya fi haka. Mutum ne da ya tarar da ƙanne da yawa da gado kaɗan, sai wani kamfanin kantunan magani ya nuna yana son shagon kwana. Matsalar ita ce yarjejeniyar da marigayi ya sabunta wa Baba tana da sauran shekara shida, kuma Baba bai taɓa jinkirta haya ba. Sai lauyan ɗan ya zauna ya tsefe takardar, ya samo layin da ya ce ɗan haya ba zai taɓa ginin ba sai da izini a rubuce, in ya taɓa kuwa yarjejeniya ta rushe. Aka aiko wa Baba takardar tashi. Ya karanta, ya ninke, ya sa a ƙarƙashin gwangwanin gam, ya ce yaro ne, zai huce. Bayan wata biyu sammaci ya biyo baya.

Na yi masa magiya ya ɗauki lauya. Sana'ata buga takardu ce, rabin masu kawo min aiki lauyoyi ne, na san yadda ake yanka mutum da alƙalami. Ya ce shi bai yi sata ba, bai zagi kowa ba, me zai yi da lauya? Ranar zaman ya sa tufafinsa masu kyau, na rufe shago na bi shi. Ban taɓa ganin shari'ar da ta yi sauri irin wannan ba. Lauyan ɗan ya nuna hoton layin, shaguna bakwai da matakala, ɗaya babu. Alƙali ya tambayi Baba ko a lokacin hayarsa aka fasa matakalar, ya ce ƙwarai. Yana da izini a rubuce? Ya ce babu. To wa ya ba shi izini? Ya ce marigayi ya sani.

"Wane dalili zai sa mai gini ya yarda a fasa masa gini?" in ji alƙali.

Na ga hannun Baba ya tafi wuyansa inda makullin yake, ya dawo. Ya ce, "Ranka ya daɗe, ya dai sani."

Ina zaune a baya ina cizon yatsa. Ni a lokacin ban san dalilin ba, amma na san akwai magana a bakin tsohon nan, kuma ya haɗiye ta. Alƙali ya jira, ya sake tambaya ko yana da shaida ko abin da zai ƙara. Babu. Aka yanke hukunci ya tashi cikin kwana talatin.

A hanyar dawowa ban raga masa ba. Na ce Baba, kai ka ɗaure kanka ka miƙa musu igiyar. Sai da muka kusa layi ya ce takalmin alƙalin ya matse shi a yatsa, ya gani lokacin da yake shigowa, shi ya sa ransa a ɓace. Na rasa dariya zan yi ko kuka.

Washegari na kama hannunsa, kusan da ƙarfi, na kai shi wurin wata lauya da nake buga wa aiki, mace mai kaifin hankali da ba ta son dogon zance. Ta karanta hukuncin, ta dafe goshi. Ta yi mana bayani cewa ɗaukaka ƙara ba sabuwar shari'a ba ce. Kotun sama tana duba abin da aka gabatar a ƙasa ne, ta ga ko alƙali ya yi kuskure, kuma ba ta karɓar sabuwar hujja sai da ƙwaƙƙwaran dalili. Baba kuwa bai gabatar da komai ba balle a ce an ƙi dubawa. Duk da haka ta ce za ta gwada. Ta shigar da takardar ɗaukaka ƙara, ta nemi a dakatar da fitar da shi har a saurare ta, aka amince. Ni na buga takardun da hannuna, ban karɓi ko sisi ba. Sannan ta ce a nemo mata birkilan da ya yi aikin.

Kwana tara na yi ina cigiya kafin na same shi, ranar wata Asabar da rana, a wani gini da ake yi a bayan tasha. Ya tsufa amma bai manta ba. Ya ce ai mai shagunan ne da kansa ya ɗauke shi aikin, yana tsaye a kansa yana cewa a ƙara kwantar da shi, har ma ya taka masa siminti ɗanye ya ɓata masa shafe, ya kuma hana a gyara. Sawun yana nan, kwanan watan ma rubutunsa ne. Nan take na kira lauya. Ta ce madalla, ranar Litinin da safe za ta zo da mai hoto da birkilan, a ɗauki sawun a inda yake, a yi takardar rantsuwa.

A nan nawa laifin yake, kuma ba zan ɓoye shi ba. Na dawo layi na tarar Baba ya rufe da wuri. Ina da lambar Gwaggo, gidansu ma na sani. Amma sai na ce bari in bar shi, ranar Litinin in ba shi mamaki, ya ga amfanin mai baki.

Ranar Litinin ni aka ba mamaki. Na sauko daga mota na hango ƙofar shagonsa, na tsaya cak. Babu gangare. Matakala biyu ne sababbi fil, simintinsu bai gama bushewa ba, an kewaye su da igiya da tsumma. Baba yana tsaye a gefe da bokiti yana yayyafa musu ruwa, fuskarsa a sake, rabon da in gan shi haka tun kafin sammaci. Ashe jiya Lahadi tun da safe ya kira surukinsa, mijin 'yarsa ta biyu, suka ari diga da baro, suka fasa gangaren, suka kwashe ɓaraguzan, suka gina matakala daidai da na sauran shaguna. Har gwada tsayin nawa ya yi don kada a samu bambanci.

Na ce, "Baba, me ka yi?"

Ya ce, "Na gyara, 'yar nan. Sun ce na ɓata musu gini, to ga shi na mayar yadda yake. Sai ki gaya wa lauya ta rubuta musu, magana ta ƙare."

Na zauna a kan matakalata na rufe fuska. Mutumin da ya yi shekara hamsin ana kawo masa abin da ya lalace yana gyarawa, mai shi ya karɓa ya yi godiya ya tafi, ta ina zai san cewa a kotu gyara amsa laifi ne? Garin neman gira ya rasa ido, kuma da na ɗaga waya ranar Asabar da ba a yi haka ba. Da lauya ta iso da mai hotonta da birkilan ta ga matakalar, sai ta sallami mai hoton.

Muna cikin haka sai ga malamar nan mai keke, ranar gwajin takalminta ce. Ta tsaya a bakin igiyar tana kallon matakalar, ta kalli Baba. A nan ne na ga abin da ya yi ya fara isa gare shi. Ya ce a ɗaga ta a shigar da ita, ta ce a'a, ita ba kaya ba ce. Sai ya shiga ya kwance labulen nan ruwan toka daga igiyarsa, ya fito da shi, ya ba ni gefe ɗaya ya ba birkila ɗaya. Muka tsaya a bakin titi muna riƙe da labule, fuskokinmu a waje, shi yana durƙushe a ciki yana gwada mata takalmi. Motoci suna wucewa, mutane suna kallonmu. Hannuna ya gaji amma ban sauke ba.

Bayan malamar ta tafi, lauya ta tambaye shi ina aka zubar da ɓaraguzan. Ya ce an cike wani rami da su. Sai ya sunkuya ƙarƙashin teburin aikinsa, ya jawo wani guntun siminti mai faɗin faranti biyu, a naɗe cikin buhu. Sawun ne, duka biyun, da kwanan watan. Ya bi gefensa da guduma da kurfi a hankali ya cire shi ɗungurungum kafin a sa diga. Ya ce bai iya bari a zuba shi a rami ba.

Lauya ta duba, ta ce da yana manne a ƙofa da ya yi magana, amma yanzu guntun siminti ne da kowa zai iya cewa daga ko'ina aka samo shi. Sai dai in akwai abin da zai haɗa sawun da ƙafar marigayi. Ta lura sawun hagu ya fi na dama nutsewa, tafinsa ma daban. Ta dubi akwatin ƙarfen, ta dubi Baba, ta tambaye shi ko marigayi yana da kwali a ciki. Ya ce akwai. Ta ce to wannan kwalin, da rubutunsa da kwanakinsa, shi ne zai nuna wa kotu wanda ya taka da kuma dalilin da ya sa ya so gangaren. Ba ta yi alkawarin nasara ba, amma ta ce ita ce ƙofa ɗaya da ta rage.

Ya ce ba zai bayar ba.

Ta lallashe shi, Gwaggo ta zo ta yi kuka, surukansa suka yi taro a kansa. Ni kuwa na buɗe masa wuta. Na ce mutumin nan ya rasu, ƙasa ta rufe ƙafar da abin da ke cikinta, kai kuma kana da rai, kana da iyali, kana da mutane sama da ɗari da ba su da wani mai ɗinka musu. Na ce Baba, ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

Ya ɗago ya dube ni, ya ce, "Cibina ne? Da nawa ne da tuni na buɗe."

An saurari ƙarar bayan wata biyar. Alƙalai uku ne a kan wani dogon teburi mai rufaffen gaba, kuma ranar ce kawai na ga Baba yana kallon fuskar mutane, don babu ƙafar da zai gani. Lauyarmu ta yi iya yinta. Ta ce alƙalin farko ya ga tsoho ba shi da lauya, ya kamata ya ba shi dama ya kawo shaida. Ta roƙi a karɓi rantsuwar birkila da guntun simintin. Lauyan ɗan ya miƙe ya ce birkilan yana raye lokacin shari'ar farko, ba wanda ya hana a kira shi. Sannan ya ɗaga sabon hoton ƙofar, ya ce wanda yake da izini ba ya fasa abin da aka ba shi izini a kai, mai ƙara da hannunsa ya amsa laifinsa. Ɗaya daga cikin alƙalan, wata dattijuwa mai tabarau, ta tambayi lauyarmu ko akwai wani dalili da za a nuna na cewa marigayi yana bukatar gangaren. Lauya ta waiwayo ta dubi Baba. Ya girgiza kai. Ta juya ta ce babu.

Suka kori ƙarar. Abin da kawai aka samu, sun ba shi wata uku maimakon kwana talatin, saboda daɗewarsa a wurin.

Ni na taya shi haɗa kaya. Ƙafafun katako sun fi ɗari biyu, muka zuba su a buhuna. Wurin ɗaga akwatin ƙarfen ne hannun akwatin ya tsinke, ya faɗi kwaɗon ya ɓalle, murfin ya buɗe, kwalaye suka zube. Ina tattarawa idona ya faɗa kan na marigayi, ga zanen ƙafa biyu, ga adadin ƙarin da ake yi wa ta hagu, ga kwanaki a jere na shekara ashirin da shida. Ban nema ba, amma na karanta. Baba ya karɓe shi daga hannuna ya mayar cikin akwatin.

Ranar miƙa makulli ɗan marigayi ya zo da kansa. Ya gaida Baba da ladabi, ya ce ya yi haƙuri, ba don ƙiyayya ba ne, amma doka doka ce, bai kamata a fasa wa mahaifinsa gini a bayan idonsa ba. Wannan kalma ta bayan ido ita ta kwance min kai. Na fito daga shagona na gaya masa komai, a gaban mai shayi da mai faci da duk wanda ke wurin. Na ce ubanka ƙafarsa ta hagu gajeriya ce, wannan tsohon ne ya miƙar da shi shekara ashirin da shida, don shi aka yi gangaren, sawunsa ne ka sa aka fasa, kuma an gwammace a rasa shago da a faɗa maka. Magana zarar bunu, kafin in ankara ta fita duka.

Ɗan ya tsaya da makulli a hannu kamar an dasa shi. Can ya ce, a hankali, "Baba, me ya sa ba ka faɗa ba?"

Baba ya ce, "Da yana so ka sani, da shi ya gaya maka."

Ɗan ya ce ya riga ya sa hannu da kamfanin, ba shi da yadda zai yi, kuma na yarda gaskiya ya faɗa, don na ga idonsa. Baba ya shiga ya ɗauko guntun simintin a buhunsa ya miƙa masa, ya ce na gidanku ne. Sannan ya juyo gare ni. Bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Kin buɗe abin da ba naki ba." Ya hau motar da ta zo ɗaukar kayansa suka tafi.

Wata huɗu bai yi min maganar kirki ba. Ya koma aiki a ɗakin ƙofar gidansa, can ƙarshen gari, inda hanyar duk rairayi ce da ramuka, keken guragu ba ya shiga sai an tura. Gwaggo ta ce min masu zuwa sun ragu da fiye da rabi, malamar ma sau ɗaya ta iya zuwa. Na je gaishe shi sau biyu, ya amsa a taƙaice, ko ƙafata bai kalla ba. Wannan ya fi min zagi ciwo. Wani lokaci in ce na yi daidai, wani lokaci in ce na ci amanar da ba a ma ba ni ba, har yau ban tsaya a kan ɗaya ba.

Kantin maganin ya yi fenti, ya sa gilashi da fitilu. Ana saura mako guda su buɗe, masu duba kantuna suka zo suka ce ba za a ba su lasisi ba sai ƙofar ta zama wadda mai keke zai iya shiga. Aka nemo birkila, kuma da yake shi ne sananne a layin yanzu, tsohon birkilan nan aka kira. Ina zaune a shagona ina jin ƙarar diga tana fasa matakalar da Baba ya gina. Na yi dariya har hawaye suka zo, daga baya dariyar ta tsaya hawayen suka ci gaba.

Washegari da hantsi, an kafa katakai ana shirin zuba siminti, sai ga Baba ya sauko daga mota da leda a hannu, ya zo sayen gam da zare a shagon da ya saba. Ya tsaya daga nesa yana kallo. Na ɗauka zai wuce. Sai ya matso, ya zagaya katakan, ya tsuguna ya duba ta gefe, ya ce wa birkila wannan ya yi tsaye da yawa, mai keke ba zai hau shi kaɗai ba, in ma ya hau to wurin saukowa titi zai faɗa. A ja shi gaba taku uku, a kuma ja masa layi layi a sama don kada ya yi santsi da ruwa. Birkila ya ce iyakar abin da aka ce ya yi ke nan. Manajan kantin ya leƙo ya tambaya wane ne wannan, birkila ya ce masa wanda ya fi mu sani ne, a bar shi.

Baba ya ajiye ledarsa, ya naɗe hannun riga, ya zaro igiyar awo daga aljihu. Ya duba hagu da dama yana neman wanda zai kama masa. Ina tsaye a ƙofata. Idonsa ya sauka a kan diddigena, ya daɗe a wurin.

Ya ce, "Har yanzu a karkace kike takawa. Zo ki riƙe min bakin igiyar nan, 'yar nan."

Na riƙe. Aka ja katakan gaba, aka zuba siminti, shi da kansa ya karɓi cokalin birkila ya ja layukan. Da aka gama ya ari kujerata ya ajiye a bakin gangaren, ya zauna da ledarsa a cinya. Har la'asar yana nan, duk wanda ya matso sai ya ɗaga masa hannu ya ce ya zagaya, simintin bai bushe ba.